Rigar Kawu Gyauro

Shekara arba'in ina taka keke a Bolari,
na yi wa angwaye ɗinki, na yi wa alhazai,
amma rigar da ta fito da sunana
ita ce wadda aka roƙe ni in ɓata.

Bappayo ne ya kawo yadin, wata Laraba,
gurmi a rataye, baki ja wur da goro.
Ya ce, "Tela, hannun dama ya wuce gwiwa,
na hagu ya tsaya a hammata.
Aljihu kuma ka kai shi gadon baya,
inda mai riga ba zai taɓa kaiwa ba."
Na ce wannan ai cin mutuncin allura ne.
Ya ce, "Ɗinka dai. Yunwa ba ta san gwaninta ba."

A lokacin waƙa yake yi, ba wasa ba.
Daga Deba ya taso, kai cike da baitoci:
na auduga, na jirgin ƙasan da ya yi wuyar gani,
na wata Dudu da ta tafi Kumo ba sallama.
Kaset biyu ya buga.
Na farko damina ta cinye a shago,
na biyu direbobin Dadin Kowa suka ji har ya tsinke.
Sai gidan talabijin suka ce suna neman wawa
na daren Alhamis.

Kawu Gyauro!
Mai gadin da ɓarawo ke tasa daga barci
ya tambaye shi inda ya ajiye makulli.
In wuta ta ɗauke mu jona da batirin mota
a ƙofar shagona, yara a ƙasa, manya a benci.
Da ya fara juyi yana laluben aljihun nan
har mai shayi sai ya ɓarar da madara.

Abin da ba a nuna ba, ni na gani.
Bikin ɗan wani ɗan kwangila a Jekadafari,
ya sa farar riga, ya ɗaure gurmi,
ya ɗauko waƙar mahaifiyarsa, wata uku da rasuwa.
Bai kai baiti na biyu ba aka kece da dariya.
Ba mugunta ba ce. Fuskar suka sani.
Ya tsaya, ya dube su,
sannan ya kai hannu baya
yana laluben aljihun da babu.
Aka yi ta liƙi.
Ranar ya biya ni bashin wata bakwai,
bai ko zauna ba.

Yanzu dariya ta koma cikin waya,
minti ɗaya, a shafa, a wuce.
Yaran da ke yi suna ce masa Baba, a ɗauki hoto,
ba mai tambayar ina gurmin.
Muryar ma ta dushe. Likita ya ce maƙogwaro ne.

Jiya ya shigo, sanda a hannu, leda a hammata.
Na ɗauka tsohuwar rigar ce ta sake yagewa.
Ashe shadda ce, yadi biyar, ruwan toka.
Ya ce, "Auna ni."

Sai na tuna ban taɓa auna shi ba.
Wa ke auna wawa?

Na ja tef a kafaɗa, ta rage faɗi.
Yana rera wani abu ƙasa-ƙasa,
tashar Gombe, ciyawa ta rufe dogo,
wata mata da ƙwaryar nono tana jiran jirgi.
Na bar tef ɗin a wuyansa har ya kai ƙarshe.
Ban yi dariya ba, ya kuwa lura.

Ya ce, "Aljihun fa?"
Na ce, a gaba, Bappayo, dab da ƙirji.
Ya ce, "To, me zan sa a ciki?"

Allura na bakina.
Na ce ya ɗaga hannu in auna.